Praat a Hannun Mai Ƙera Harshen Duniyar Mafarki

Marubucin da ya zauna gina duniyar mafarki, wadda a cikinta furuci ɗaya ke tsaga dutse wani kuma ya tsayar da kogi cak, ba ya nisa sai ya ci karo da tambaya: wannan furucin, yaya yake a kunne? A takarda abin ba wuya, a jera baƙaƙe uku da babu su a Hausa a wuce. Sai dai labaranmu yanzu ba sa tsayawa a takarda. Ana karanta su da murya a YouTube, ana mai da su wasan rediyo, wasu na yi musu katun. Ranar da mai karatu ya iso kan kalmar, dole bakinsa ya fitar da wani abu, idan kuwa marubucin bai san ko mene ne ba, mai karatun zai ƙago nasa. A babi na uku ya faɗe ta wani iri, a na tara wani iri daban, kafin a kai ƙarshe mai sauraro ya gane kalmar ba ta da ƙashi.

A wannan aikin, Praat ce manhajar da ta fi cancanta a sa wa hannu, duk da ba dominsa aka yi ta ba. Paul Boersma da David Weenink na Jami'ar Amsterdam ne suka soma gina ta tun 1992 domin masu nazarin furuci, sunan kuwa da harshen mutanen Holan yana nufin magana. Kyauta ce, babu rajista, babu talla, kuma da zarar an sauko da ita daga praat.org ba ta ƙara neman intanet. A Windows fayil ɗaya ne cikin matsattsen ƙunshi, ka warware ka danna, shi ke nan. Tana aiki a Mac da Linux, tsohuwar kwamfutar tafi-da-gidanka ma tana ɗaukarta. Babban cikas ɗinta gare mu shi ne masu ita ba su yi ta waya ba, alhali mafi yawan marubutan Hausa na intanet da waya suke komai. Na biyu, duk maɓallanta da Turanci suke, Turancin ma na masana.

Kafin a shiga maɓallai akwai maganar da ta fi su nauyi. Yawancin shawarwarin da ake ba masu ƙirƙirar harsuna an rubuta su ne domin kunnen Bature, wanda ƙ da ts da ɓ da ɗ baƙin abubuwa ne gare shi, har yakan ba dodanni su a labarinsa. Mu kuwa da su muke cewa ƙofa da tsintsiya da ɗaki. Wanda ya gina kalmar sihiri da tunkuɗau (irin ƙ da ts) da haɗiyau (irin ɓ da ɗ) zai ji ta fito kamar Hausar wani ƙauye da bai taɓa zuwa ba. Gb da kp na maƙwabtanmu ne, Yarabawa da Nufawa da Ibo, mai sauraro zai ɗauka kwaikwayonsu ake yi. Sautukan maƙogwaro na Larabci, irin ainun da ha mai kauri da ƙaf, su kam a nisance su gaba ɗaya: kunnen Bahaushe da karatun Alƙur'ani da addu'a yake haɗa su, kuma babu marubucin kirki da zai so a ji kalmar tatsuniyarsa ta yi kama da aya. Ashe filin da ya rage mana daban ne da na kowa, kuma amfanin Praat na farko shi ne ta nuna maka iyakar filin da idonka.

Idan ka buɗe ta, tagogi biyu ne za su fito, Praat Objects da Praat Picture. Rufe ta biyun, ta zane ce domin masu rubuta kundin bincike. A ta farkon, shiga New ka zaɓi Record mono Sound, ka bar adadin ɗauka a 44100 Hz. Hz ɗin nan yawan kaɗawa ne a sakan ɗaya, kuma da shi za a riƙa auna kusan komai. Makirufo ya kasance kamar taƙi ɗaya daga baki, ɗan karkace zuwa gefe don kada iska ta buge shi kai tsaye. Akwai ma'aunin ƙarfi mai kore da rawaya da ja. In ya taɓa ja, saman sautin ya yanke, babu gyara sai sake ɗauka. A kashe fanka, a jira janareton maƙwabci ya yi shiru. Ɗakin da ke da katifa da labule ya fi falo mai tayil nesa ba kusa ba.

A nan ne sabon shiga ke yin asarar farko. Maɓallin Save to list ba ya ajiye komai a kwamfuta, yana dai saka sautin cikin jerin da ke tagar. In aka ɗauke wuta batir ya mutu, ko ka rufe manhajar, aikin yini guda ya tafi. Ajiya ta gaskiya tana ƙarƙashin Save, sannan Save as WAV file, fayil ɗaya bayan ɗaya. Haka kuma duk umarnin da ke ƙarƙashin Modify yana sauya sautin nan take ba tare da hanyar komawa baya ba, don haka a danna Copy tukuna a yi aiki a kan kwafin. Wannan aibi ne na gaske, kuma ya kamata a ce manhajar da ta haura shekara 30 ta magance shi. Wanda zai ɗauki murya da waya ya kawo, ya nemi manhajar ɗauka mai fitar da WAV. Saƙon murya na WhatsApp matsattse ne, matsewar kuwa gajerun sautuka masu kaifi take fara ci, waɗanda su ne jarin wannan sana'ar.

Danna View & Edit. Sama za ka ga igiyar sautin, ƙasa kuma hoton sauti, wani abu mai kama da hayaƙi baƙi da toka-toka: hagu zuwa dama lokaci ne, ƙasa zuwa sama daga 0 zuwa 5000 Hz, inda ya fi duhu nan ƙarfi ya taru. Shuɗin layi tashin murya da saukarta yake nunawa, jajayen ɗigo kuma amon kogon baki, wanda da shi ake bambanta wasali da wasali. In abin da ke kan taga ya wuce sakan 10 hoton ba zai fito ba sai ka matso da shi, kada ka zaci lalacewa ce. Saituna biyu ne tilas a gyara. A na karin murya, namiji ya sa 75 zuwa 300 Hz, mace 100 zuwa 500. In ba haka ba shuɗin layin zai riƙa tsalle yana ninka adadi ko raba shi biyu. A na amon baki, rufin 5500 Hz da ake tararwa na muryar mace ne, namiji ya sauko da shi 5000.

Darasi mafi kyau na ranar farko shi ne ka ɗauki Hausarka ka duba ta. Faɗi kafa da ƙafa. A ta farko za ka ga fashewar k, ɗan hucin iska na biye, sannan wasali. A ta biyu fashewa ce mai kaifi, sai ɗan fili na shiru lokacin da maƙwallato ke rufe, sannan wasalin ya shigo. Faɗi bari da ɓari ka lura da yadda zizar b ke raguwa yayin da leɓɓa ke rufe, ta ɓ kuwa ba ta bin wannan tsarin, sau da yawa ma da ɗan ƙuƙumi take fita. Mutum ya shekara 40 yana furta waɗannan bai taɓa ganinsu ba. Wanda ya iya karanta su a hoto zai iya karanta duk abin da zai ƙago.

A ɗauka labarin yana buƙatar sautuka uku masu iko: ɗaya yana kulle abu, ɗaya yana jawo shi, ɗaya yana girgiza shi. Uku sun isa. Akwai misali na gaske da ke goyon bayan ƙarancin. Mutanen Lardil na tsibirin Mornington a arewacin Ostareliya a da suna da wani harshen al'ada mai suna Damin, wanda mazan da suka kai wani mataki na tsarin girma kaɗai ake koya wa. Tushen kalmominsa bai wuce kusan 150 ba, amma yana da sautukan tsaki, waɗanda ba a san wani harshe a wajen Afirka da ke gina kalmomi da su ba, yana kuma da sautin da ake yi da jan numfashi ciki, a kalmar da ke nufin kifi. Masanin harshe Ken Hale na Amurka, wanda ya yi nazarinsa a shekarun 1960, ya ga alamun cewa da gangan aka ƙera shi, cikin alamun har da yadda wasu baƙin sautukan ke fitowa a kalma ɗaya tak. Su masu abin suna danganta shi da wani kakan farko na zamanin halitta, zamanin da Turawa suka fassara da na mafarki. Wannan gadon imanin mutane ne, ba kayan aro ba ne, kada a kwashi kalmominsu. Abin ɗauka shi ne dabarar: baƙon sauti yana da kwarjini ne idan ba a yawan jin sa.

Na kullewa, tsaki ya fi dacewa, kuma nan ne Praat ta fi nuna gwanintarta. Kowane Bahaushe ya iya tsaki, amma a wurinmu alamar raini ce tsirara, ba ta shiga cikin gaɓa. Zulu da Xhosa na Afirka ta Kudu da Sandawe da Hadza na Tanzaniya sun mai da irinsa baƙi sosai, wasali na biye da shi. Sirrin shi ne iskar tsaki ba daga huhu take ba. Bayan harshe yana manne da hanɗa, gabansa yana manne da hanƙa ko haƙora, tsakiya ta faɗa ƙasa ta bar rami marar iska, sai gaban ya saki da ƙara. Tun da huhu ba ya cikin aikin, ana iya barin murya tana fita ta hanci a lokaci guda. Ga yadda za a koya: faɗi can ka riƙe sautin ƙarshe, wannan n ɗin da ake yi da bayan harshe. Kana riƙe da shi, ɗora tsinin harshe a hanƙa, ja ka saki, sannan ka buɗe zuwa a ba tare da muryar ta yanke ba.

A hoto, tsakin zai fito kamar siririn layi a tsaye, baƙi ƙirin, wanda tsawonsa bai wuce 'yan kaso kaɗan cikin dubu na sakan ɗaya ba. Abin dubawa shi ne duhun da ke kwance can ƙasa, wajen 250 zuwa 300 Hz, wato gunjin hanci. In ya ratsa ta ƙarƙashin layin ya shiga wasalin babu tsinkewa, gaɓa ta haɗu. In akwai farin fili tsakanin tsakin da wasalin, ja linzami a kansa, tsawonsa zai fito a ƙasa. Ka yi ta maimaitawa har filin ya sauko ƙasa da 0.05 na sakan ko ya ɓace. Muddin yana da faɗi, mai sauraro zai ji mutum ya yi tsaki sannan ya ce a, wato zai ji wulaƙanci a inda kake nufin sihiri. Saboda haka ma ya fi kyau a bar tsakin haƙora mai ja, irin na ɓacin rai, a ɗauki na hanƙa mai amo kamar buɗe kwalba, ko na gefen harshe da ake kora doki da shi.

Na jawowa, a yi shi da numfashin da ke shiga ciki, ma'anar da furucin sai su zama abu ɗaya. Aza harshe kamar za ka ce l, kada ka sa murya, ka zuƙo iska ta gefen harshe. In aka hura wannan sautin waje ba baƙo ba ne a yankinmu, domin Bura da Margi da Ngizim suna da shi, mutumin Biu ko Potiskum zai gane shi nan take. Juyar da iskar ce ke fitar da shi daga duniyarmu. Matsalarsa ita ce wasalin da zai biyo baya. Wasali mai ziza da jan numfashi yana fita a shaƙe, shuɗin layi ya wargaje, ɗan wasa kuma ya soma tari bayan maimaici biyar ko shida. Gara a sa sautin a ƙarshen kalma, ko a bi shi da wasalin raɗa. A hoto huci ne marar shuɗin layi; in ka ga layin ya ɓullo, murya ta kutso, a sake.

Na girgizawa shi ne karkarwar leɓɓa, irin wadda mutum ke yi in sanyi ya kama shi. Harshen Medumba na Kamaru da Mangbetu na Kwango suna gina kalmomi da ita. Ta fi sauƙin fita in m na gabanta u na bayanta, domin leɓɓa sun riga sun saki. A igiyar sauti za ka ƙirga bugun da ido, uku zuwa huɗu sun wadatar, fiye da haka ta koma wasan yara. Iskarta tana dukan makirufo da ƙarfi, sai a ɗaura safa a zoben ƙarfe a tsayar tsakanin baki da makirufo.

Wasula su ma suna da ɗakinsu. Ƙarƙashin New, a sashen Sound, akwai Create Sound from VowelEditor: fili ne da kake jan linzami a kai, manhajar tana furta wasalin da ke wurin. Adadi biyu ne ke mulki, F1 mai bin buɗewar baki da F2 mai bin matsowar harshe gaba. A muryar namiji, i tana wajen 300 da 2200, a wajen 700 da 1200, u wajen 300 da 800. Wasulanmu biyar sun bar gurabe, mafi faɗi shi ne saman filin tsakanin i da u. Ka ce ii ka tsuke leɓɓa kamar mai cewa uu ba tare da motsa harshe ba, za ka sauka wajen 300 da 1800, wasalin da Faransanci da Jamusanci ke da shi. Ga tarkon: gajerun i da u sun saba musanya a bakinmu, wani ya ce biki wani buki, wani fushi wani fishi. Duk gajeren wasalin da ka ajiye a tsakaninsu, kunnen Bahaushe zai tura shi gefe ɗaya bai ma lura ba. A ja shi ya kai rubu'in sakan ko fiye kafin baƙuntarsa ta bayyana. Muryar wannan ɗakin ta inji ce, ta gwaji ce kawai. Ka saurara, ka kwaikwaya da bakinka, ka ɗauka, ka duba ko jajayen ɗigon sun sauka inda ake so.

Makami mafi arha a hannun marubucin Hausa shi ne karin sauti, kuma shi aka fi mantawa. Da shi muke raba wuya na jiki da wuya ta wahala. Muna da karin sama da na ƙasa da mai faɗuwa, amma ba mu da mai hawa a kan gaɓa ɗaya. Bugu da ƙari, jimlar Hausa gangarowa take yi, kowane karin sama da ya biyo bayan na ƙasa yana ɗan sauka ƙasa da na baya. Halittar mafarkin da ke magana da gaɓoɓi masu hawa, ko wadda muryarta ke tsayawa a layi ɗaya ba gangara, za ta tayar da tsikar jiki ko da kalmomin Hausa zalla take faɗi. Za a gwada wannan ta zaɓar sautin, a shiga Manipulate, a danna To Manipulation, sannan View & Edit. Ɗigon karin murya za su yi yawa. Umarnin Stylize pitch zai rage su zuwa 'yan kaɗan da za a iya ja sama ko ƙasa. In an gamsu, Publish resynthesis ke fitar da sabon sautin zuwa jeri. A kula da abu biyu. Hawa a gaɓar ƙarshe yana kama da tambaya, don haka a sa shi a farko ko tsakiya. Sannan in aka ja murya nesa da asalinta, kamar daga 120 zuwa 220 Hz, ƙarfe zai soma fita a cikinta.

A ƙasan wannan tagar akwai layin tsawo, inda 1 ke nufin yadda yake, 2 ninki biyu. Kuskuren da aka fi yi shi ne miƙa kalmar gaba ɗaya. Dabarar da manhajar ke bi ita ce maimaita ƙananan yankuna na sautin, abin da ke tafiya daidai a kan wasali amma ya ɓata tsaki da fashewa, su fito da kurzunu ko a ji su sau biyu. Ɗigo huɗu ake sawa: 1 daf da farkon wasali, 2 da shigarsa, 2 daf da ƙarshensa, 1 da fitarsa. Baƙaƙen sai su tsira.

Muryar dodo ko ta ƙaramar halitta tana ƙarƙashin Convert, a umarnin Change gender, wanda sunansa ya ɓoye rabin amfaninsa. Gurbin farko da ya shafe mu yana matsar da amon baki: ƙasa da 1 yana ƙara girman mai magana, sama da 1 yana rage shi. Ga dodo, 0.8 tare da karin murya na 75 Hz. Ga 'yar mitsitsiyar halitta, 1.3 da 300 Hz. Ƙasa da 0.75 kalmomi kan soma narkewa. Abin da ya fi dacewa da mafarki shi ne a saɓa su, a ba da kogon bakin ƙato da siririyar murya, domin kunne ya san babu jikin da ke fitar da wannan haɗin. Umarnin yana son sauti mai layi ɗaya, shi ya sa tun farko aka ce a ɗauka da mono.

Za a iya ɗinka sautin da baki ya kasa: a zaɓi yanki, a matsar da iyakokinsa zuwa inda igiya ke ratsa sifili domin kada ɗinkin ya yi ƙas, a cire, a haɗa da Concatenate. A sani cewa haɗin yana bin tsarin da sautukan suke a jeri daga sama zuwa ƙasa, ba tsarin da ka danna su ba. Akwai kuma Reverse mai juya sauti baya. Duka biyun suna da daɗin wasa, amma a taƙaita su ga halittun da ba mutane ba. Kalmar da jarumar labari za ta koya dole ta zama wadda bakin ɗan Adam ke iya faɗi, har mai sauraro ya kama kansa yana gwadawa. Hakan ya shafi ginin gaɓa. Hausa ba ta fara kalma da baƙaƙe biyu a jere, shi ya sa muka ce burodi da fulawa. In ka tara baƙaƙe uku a farko, mai karatu zai cusa musu wasula ko ka so ko ka ƙi.

Akwai sashen da ke kwaikwayon huhu da harshe da leɓɓa ta hanyar ba kowace tsoka adadi. A tunani shi ne ainihin abin da mai ƙirƙirar sauti ke nema, a aikace kuwa yana da jinkiri, sau da yawa kuma shiru ko huci yake fitarwa bayan dogon jira. A bar shi sai an ƙware.

Abin da bai kamata a tsallake ba shi ne rubuta sautukan. Annotate, sannan To TextGrid, a goge sunayen da ke gurbin a sa layi biyu, ɗaya na rubutun littafi ɗaya na alamomin furuci na duniya. Praat tana da gajerun hanyoyi: \b^ na ba da ɓ, \d^ na ba da ɗ, \ng na ba da ŋ (n ɗin ƙarshen can), \l- na ba da ɬ (l marar murya), \bc na ba da ʙ (karkarwar leɓɓa). A saka salon rubutu na Charis SIL a kwamfutar, kyauta ne, yana ɗauke da waɗannan duka har da ƙ da ƴ ta rubutun Nijar. Fayil ɗin TextGrid daban ake ajiye shi da na sauti, a ba su suna ɗaya. Wannan taskar ita za a miƙa wa duk wanda zai karanta littafin, ya ji yadda kowace kalma take kafin ya kunna makirufo. A rubutun boko kuwa, haruffan da Hausa ba ta taɓa ba su ne p da q da v da x. Zulu da Xhosa suna rubuta tsakinsu da c da q da x. C tamu ce, p kuma za a karanta ta f, saura q da x da v. Sautuka uku, haruffa uku, a bayyana su sau ɗaya a cikin labarin ta bakin mai koyar da jarumar, kamar yadda tatsuniya ke sanar da kowa tsamin bakin Gizo tun daga jimlarsa ta farko.

Inda Praat ta gaza a fili shi ne kwalliya. Ba ta da maɓallin amsa-kuwwa, ba ta jera muryoyi da kiɗa a layuka, share hayaniya ma ba fagenta ba ne sosai. Wannan aikin manhajar Audacity ne, ita ma kyauta. A ƙera a auna a Praat, a yi ado a Audacity, kuma kada a juya tsarin, domin amsa-kuwwa tana rufe aibin furuci har mai shi ya daina ji. A yi hattara da share hayaniya mai tsanani, tana ɗaukar hucin sautin jawowa a matsayin datti ta cinye shi.

Gwajin ƙarshe na kunnen wasu ne. Tara mutum 8 ko 10 da ba su san labarin ba, kunna musu kowace kalma sau biyu, su rubuta abin da suka ji. In mafi yawa sun rubuta na a inda ka sa tsaki mai hanci, tsakin ya yi rauni. In sun rubuta sha a sautin jawowa, harshe bai manne a tsakiya ba. Sannan a tuna da waya za su saurara, ƙaramar lasifikar waya kuwa ba ta fitar da ƙananan sautuka. Kafin a saki aiki, zaɓi sautin, shiga Filter, ɗauki mai barin zango ya wuce, sa 300 zuwa 3400 Hz, ka saurari abin da ya rage. Tsaki zai tsira, karkarwar leɓɓa za ta tsira da ƙyar, gunjin hanci da kaurin muryar dodo za su ragu ƙwarai. In dodon ya rasa kwarjininsa a wannan gwajin, a ɗaga karinsa daga 75 zuwa 95 Hz, a bar amon bakin a 0.8, a ɗora raɗar kalmar a kan muryar a Audacity, sannan a dawo Praat a danna Scale peak a 0.99 kafin ajiyar ƙarshe.